Sun tsani jam'iyya, kuma su suka kafa ta: littafin Hofstadter da wasu biyu da na ɗora a kansa

Kwafin da ya zo mini ya riga ya sha hannu. Bangonsa ya lanƙwashe ta kusurwa, takardunsa sun yi ja-ja saboda daɗewa, wanda ya riga ni mallakarsa kuma ya bi wasu layuka da fensir. Akwai wuri guda da ya danna fensirin har ya bar gurbi a bayan shafin. Maganar Thomas Jefferson ce, a wata wasiƙa da ya rubuto daga Paris a 1789, lokacin yana jakadan Amurka a Faransa. Cewa ya yi da za a ce ba zai shiga aljanna ba sai tare da wata jam'iyya, to da ya haƙura da shigar. Ba a yi shekara huɗu ba, mai wannan magana da amininsa James Madison suka zama jagororin jam'iyyar adawa ta farko a ƙasarsu.

Sunan littafin The Idea of a Party System, marubucinsa Richard Hofstadter, malamin tarihi a Jami'ar Columbia. Ya fito a 1969, shekara guda kafin rasuwar mai shi, asalinsa kuma laccoci ne da ya gabatar a Jami'ar Kalifoniya da ke Berkeley. Babi shida ne, bai cika shafi 300 ba. Tambaya ɗaya ya riƙe tun daga 1780 har zuwa 1840: yaushe ne, kuma ta wace hanya, 'yan siyasar Amurka suka yarda cewa mutum zai iya yin adawa da gwamnati ba tare da ya zama maci amanar ƙasa ba? Sau biyu na karanta shi. Bayan nan na nemo wasu littattafai biyu da suka taɓa zamanin, don in gane inda ya yi daidai da inda ya bar giɓi.

Kafin in buɗe shi, ɗauka nake wanda ya rubuta kundin tsarin mulki mai zaɓe a ciki, ai ya san za a yi jam'iyyu. Ashe ba haka ba ne. Kundin da aka rubuta a Filadelfiya a 1787 bai ambaci jam'iyya ko sau ɗaya ba, kuma ba mantuwa aka yi ba. Mutanen sun gaji tunanin Ingila na ƙarni na 18, inda ake kallon jam'iyya a matsayin gungun masu son zuciya da suka haɗa kai don cutar jama'a. Hofstadter ya raba wannan tunani gida uku, kuma rabon nan shi ne abin da ya fi amfanata a babin farko. Akwai masu cewa jam'iyya cuta ce da za a iya kawarwa, in mutanen kirki suka taru wuri guda suka murƙushe ɓata-gari. A nan ya sa Bolingbroke na Ingila da Alexander Hamilton. Akwai masu cewa cuta ce amma ba ta da magani, sai dai a rage mata kaifi, kamar David Hume da Madison. Na ukun kuwa kusan mutum ɗaya ne tilo, Edmund Burke, wanda ya rubuta a 1770 cewa haɗuwar mutane a kan aƙida ɗaya don yi wa ƙasa aiki abin yabo ne. A Amurka ta wancan lokaci kusan ba wanda ya bi Burke.

Madison ne na fi tsayawa a kansa. A ƙasida ta 10 cikin jerin ƙasidun da aka rubuta don tallata sabon kundin, wadda ta fito a Nuwamba 1787, ya kwatanta 'yanci da iska, ɓangaranci kuma da wuta: ba mai hankalin da zai kawar da iska don yana tsoron gobara. Maganinsa shi ne a faɗaɗa ƙasa, ƙungiyoyi su yi yawa, ta yadda babu wadda za ta iya haɗa rinjaye ta danne sauran. Wato ya tsara gwamnati ne don hana samuwar babbar jam'iyya mai rinjaye. Shekara biyar bayan nan yana cikin masu gina irinta.

Abin da ya ja su ciki ba ɓoyayye ba ne. Hamilton, yana sakataren baitulmali, ya sa gwamnatin tarayya ta ɗauki basussukan da jihohi suka ci lokacin yaƙin neman 'yanci a 1790, ya kafa bankin ƙasa a 1791. Jefferson da Madison suka ga wannan hanya ce ta miƙa ƙasa ga masu kuɗin Arewa, daga nan kuma sai sarauta irin ta Ingila. Juyin juya halin Faransa ya ƙara raba su, yarjejeniyar da John Jay ya ƙulla da Birtaniya a 1794 ta ƙarasa. Kowane ɓangare da jaridarsa: John Fenno yana buga ta masu goyon bayan Hamilton, Philip Freneau yana buga ta ɗaya ɓangaren, alhali yana karɓar albashin mai fassara a ma'aikatar harkokin waje da Jefferson ke shugabanta. Duk da haka ba wanda ya yarda cewa shi ɗan jam'iyya ne. 'Yan Federalist, wato ɓangaren Hamilton, suna ganin su ne gwamnati, waɗancan kuma 'yan tayar da zaune tsaye masu yi wa Faransa aiki. 'Yan Republican, wato ɓangaren Jefferson da Madison, suna ganin su ne jama'a, waɗancan kuma 'yan amshin shatan Ingila. Laifi tudu ne, kowa ya take nasa yana hango na wani. Shi kansa George Washington, a jawabinsa na ban kwana a Satumba 1796, ya yi dogon gargaɗi kan sharrin jam'iyya, jawabin kuma Hamilton ne ya taya shi rubutawa, ana saura 'yan makonni zaɓe.

Ma'aunin da Hofstadter ya kafa tun farko shi ya sa labarin bai watse masa ba. A wurinsa adawa ba ta cika sai ta haɗa abu uku. Ta yarda da tsarin mulkin da ake kai, faɗanta ya tsaya kan manufa da masu riƙe da kujera, ita ma gwamnati ta yarda ba za ta sa ƙarfi ta rufe mata baki ba. Ta zama mai ɗaukar nauyi, kada ta yi alkawarin abin da ta san ba za ta iya ba in mulki ya zo hannunta. Sannan ta zama tana da damar cin zaɓe da gaske. Da wannan ma'auni ya auna 1798, shekarar da abin ya kusa ɓaci.

A shekarar, ana cikin zaman ɗar-ɗar da Faransa, majalisar da 'yan Federalist ke da rinjaye a cikinta ta yi dokokin baƙi da na hana tunzura jama'a. Aka ƙara shekarun da baƙo zai jira kafin ya zama ɗan ƙasa daga 5 zuwa 14. Aka mai da ɓata sunan shugaban ƙasa ko majalisa a rubuce laifi. Wani abu da na sa wa alama da nawa fensirin: dokar ba ta kare mataimakin shugaban ƙasa ba, wanda shi ne Jefferson, kuma an tsara ta ƙare aiki ranar 3 ga Maris 1801, rana ta ƙarshe a wa'adin shugaban ƙasa John Adams. Aka kama Benjamin Franklin Bache, jikan Benjamin Franklin na cikin iyayen ƙasar, mai jaridar Aurora. Zazzaɓin shawara ya kashe shi kafin a kai ga shari'a. Aka ɗaure Matthew Lyon, ɗan majalisar wakilai daga Vermont, wata huɗu da tarar dala 1,000, mutanensa kuma suka sake zaɓensa yana cikin kurkuku. Martanin Jefferson da Madison shi ma ba na masu amincewa da tsarin ba ne ɗari bisa ɗari: a ɓoye suka rubuta ƙudurorin da majalisun Kentucky da Virginia suka zartar, na Jefferson har yana nuna jiha za ta iya ɗaukar dokar tarayya a matsayin wadda ba ta da inganci. Hofstadter bai wanke kowa ba a nan, kuma na ji daɗin hakan.

Zaɓen 1800 kowa ya san yadda ya ƙare, amma ban san yadda ya kusa kufcewa ba sai da na bi shi dalla-dalla. Jefferson da abokin takararsa Aaron Burr suka yi kunnen doki, kowanne da ƙuri'a 73 ta wakilan jihohi masu zaɓen shugaban ƙasa, Adams yana da 65, domin a lokacin ba a raba ƙuri'ar shugaba da ta mataimaki ba. Magana ta koma majalisar wakilai mai barin gado, wadda ke hannun waɗanda suka faɗi. Sai da aka kaɗa ƙuri'a zagaye 36 kafin a ba Jefferson, ranar 17 ga Fabrairu 1801, bayan James Bayard na Delaware ya janye daga toshe hanya. Ranar rantsarwa, 4 ga Maris, Adams ya hau keken doki tun kafin asuba ya bar birnin Washington, bai tsaya bikin ba. Amma ya bar kujerar. Ba soja, ba jini.

Babi na biyar shi ne zuciyar littafin a wurina, don a nan ne Hofstadter ya ƙi yarda da labari mai daɗi. A jawabin kama aiki Jefferson ya ce dukanmu 'yan Republican ne, dukanmu 'yan Federalist ne, kuma an daɗe ana karanta wannan a matsayin amincewa da jam'iyyu biyu. Hofstadter ya nuna manufarsa ita ce ya janye talakawan jam'iyyar Federalist zuwa tasa, ya bar shugabanninta su kaɗai har su shuɗe. A wata wasiƙa ta 1802 ya faɗa ƙarara cewa burinsa ya jefa aƙidarsu cikin ramin da ba za ta sake tashi ba. Mutumin da ya ɗanɗani zafin adawa, da ya hau mulki bai ga dalilin da zai sa a ci gaba da adawa da shi ba. Kuma kusan ya samu yadda yake so. 'Yan Federalist sun kashe kansu da taron Hartford na ƙarshen 1814, inda suka yi ta ƙorafi kan yaƙi da Birtaniya daidai lokacin da yaƙin ke ƙarewa. A 1820 James Monroe ya samu duk ƙuri'un wakilai in ban da guda ɗaya. Mafarkin iyayen ƙasa ya tabbata, jam'iyya ta zama ɗaya.

Abin da ya biyo baya shi ne rikicin cikin gida mara fasali. A 1824 mutum huɗu suka fito, dukansu suna kiran kansu Republican. Andrew Jackson ya samu 99, John Quincy Adams (ɗan tsohon shugaba John Adams) 84, William Crawford 41, Henry Clay 37. Ba wanda ya kai rinjaye, majalisa ta zaɓi Adams, Adams ya naɗa Clay sakataren harkokin waje, mutanen Jackson suka ce ciniki aka yi, suka yi shekara huɗu suna maimaitawa.

A nan ne gwarzon littafin ya fito, kuma ba wanda zan yi tsammani ba ne. Martin Van Buren ɗan mai masauki da mashaya ne a Kinderhook ta jihar New York, ya tashi da harshen Holan a bakinsa kafin Turanci, bai je jami'a ba, ba shi da gandu ko sunan gida da zai jingina da shi. Abin da yake da shi ƙungiya ce, wadda abokan hamayya suka laƙaba wa suna Albany Regency: a yi taro a tsai da ɗan takara, wanda ya faɗi ya bi, wanda ya yi wa jam'iyya aiki a saka masa. Ɗaya daga cikinsu, William Marcy, shi ne ya faɗa a majalisar dattawa a 1832 cewa ganima ta wanda ya ci yaƙi ce. Hofstadter bai ɓoye wannan ɓangare ba, amma ya nuna wani abu da manyan farko ba su da shi. Van Buren lauya ne da ya saba kai ruwa rana da abokin aiki a gaban alƙali da rana, da yamma su zauna hira. Bai ɗauki abokin hamayya maƙiyi ba. Yana ganin jam'iyyarsa ta fi zama lafiya in akwai wata a gabanta da za ta sa 'ya'yanta su haɗa kai. Ya ci shugabanci a 1836, ya sha kaye a hannun William Henry Harrison na jam'iyyar Whig a 1840, a zaɓen da kusan kashi 80 cikin 100 na masu damar jefa ƙuri'a suka fito, ya sauka ya fara shirin dawowa. A 1842 har gidan Clay ya je ziyara a Kentucky.

Rubutun Hofstadter a tsaftace yake, ba ya cika jimla da kaya, yana kawo maganar mutanen da bakinsu ya bar ta ta yi aikinta. Sai dai ya ɗauka mai karatu ya riga ya san tarihin. Zai ambaci yarjejeniyar Jay ko rikicin Missouri ya wuce ba bayani, babin farko kuma cike yake da 'yan siyasar Ingila na zamanin firaminista Walpole. Karatuna na farko sai da na riƙa ajiye littafin ina neman ƙarin haske.

Babban ƙorafina ya wuce wannan. Littafin hira ce tsakanin manya 'yan ƙalilan, ta wasiƙu da jawabai. Wanda ke jefa ƙuri'ar ba ka ganinsa, balle wanda aka hana. Dubi wasiƙar da Van Buren ya aika wa Thomas Ritchie, ɗan jaridar Richmond, a Janairu 1827, inda ya nemi a haɗa masu gandun Kudu da talakawan Republican na Arewa. Cikin dalilansa har da cewa in babu son jam'iyya, rabuwa za ta koma ta jihohin bayi da jihohin da ba bayi. Ke nan wani ɓangare na aikin jam'iyyar da ake yabo shi ne danne maganar bauta kada ta taso. Wannan ya cancanci babi guda, bai samu ba. Haka ƙa'idar ƙirga bawa a matsayin kashi uku cikin biyar na mutum wajen rabon kujeru, wadda ta ƙara wa jihohin Kudu wakilai a zaɓen 1800. Haka New Jersey, inda mata masu dukiya suka riƙa zaɓe har aka hana su a 1807. Haka New York ta Van Buren ɗin kansa, wadda kundinta na 1821 ya sassauta wa farar fata sharaɗin dukiya, ya ɗora wa baƙar fata mallakar kadarar dala 250 kafin ya yi zaɓe. Ina kuma ganin ya ɗan gaggauta wajen mai da Van Buren mai son jam'iyyu biyu irin na zamaninmu. Wani masanin da ya zo daga baya, Gerald Leonard, ya kawo hujja cewa shi ma yana ganin jam'iyyarsa ce jama'a, ɗayar kuwa wakiliyar masu hannu da shuni ce da dole a riƙa tsaro. Hujjar ta shige ni.

Na biyun da na karanta shi ne Affairs of Honor na Joanne Freeman, malama a Jami'ar Yale, wanda ya fito a 2001. Ita ta sauko da kai cikin zauren majalisar. Hujjarta ita ce kafin jam'iyya ta kafu, abin da ke tafiyar da siyasa shi ne mutunci da suna: wa ya ce me a kan wa, a wurin cin abinci ko a ƙasida ko a jarida, da yadda ake ramawa. Matthew Lyon ɗin nan da aka ɗaure, a farkon 1798 ya tofa wa Roger Griswold na Connecticut yawu a fuska cikin majalisa. Bayan mako biyu Griswold ya zo da sanda ya hau shi da duka, Lyon ya ruga bakin murhu ya ɗauko awartakin wuta, suka yi ta kokawa a ƙasa. Da ka karanta Freeman za ka gane wannan ba hauka ba ne kawai, akwai ƙa'ida a ciki: duka da sanda na nuna ba ka ɗauki mutum tsaranka ba, fito-na-fito da bindiga kuwa sai tsakanin tsara. Da wannan ido ne mutuwar Hamilton a hannun Burr, bayan fito-na-fiton da suka yi da bindiga a garin Weehawken a Yuli 1804, ta zama abin fahimta a wurina. Littafin nan ya fi sauran daɗin karatu. Rauninsa shi ne wani lokaci mutuncin yana rufe aƙida, har ka manta cewa akwai saɓani na gaske kan banki da bashi da Faransa.

Na ukun, The Rise of American Democracy na Sean Wilentz na Jami'ar Princeton, ya fito a 2005, ya haura shafi 1,000, ya tashi daga Jefferson ya dire a kan Lincoln. Wata biyu na yi a kansa, kuma nauyinsa ba ya barin a karanta shi a kwance. Shi ne ya cike giɓin Hofstadter ta fuskar talakawa: masu sana'ar hannu na birane, ƙananan manoman karkara, ƙungiyoyin dimokuraɗiyya na 1793 da 1794 waɗanda Washington ya yi tir da su bayan boren harajin barasa a yammacin Pennsylvania, yana cewa su suka naɗa kansu da kansu. Wilentz ya nuna dimokuraɗiyya ƙwato ta aka yi taki-taki, kuma bai kauce wa bauta ba, har ya kai ka ga yadda Arewa da Kudu suka gina dimokuraɗiyya iri biyu da ba za su zauna inuwa ɗaya ba. Inda muka rabu da shi Jackson ne. Ya ba da labarin dokar korar 'yan asalin ƙasar ta 1830, wadda Jackson ya sa wa hannu yana shugaban ƙasa, da tafiyar ƙabilar Cherokee ta 1838 wadda dubbai suka mutu a cikinta, amma yana yawan nema wa Jackson uzuri fiye da yadda zuciyata za ta ɗauka.

Wanda bai san zamanin ba, ya fara da Freeman don ya saba da mutanen, sannan Hofstadter, ya ajiye Wilentz kusa yana duba babin da ya buƙata. Wanda kuma littafi ɗaya kawai zai iya saya, Hofstadter zan ce, duk da ƙorafin da na yi, don shi ne ya canza mini tambayar da nake yi wa sauran.

Fensirin mutumin da ya riga ni ya tsaya a ƙarshen babi na huɗu, daidai inda Adams ya bar gari Jefferson ya sha rantsuwa. Daga nan har bangon baya shafukan fes suke, wasu ma sun ɗan manne da juna, sai da na sa yatsa na raba su. Babi biyun da bai kai ba, na Monroe da na Van Buren, su ne yanzu suka fi cika da alamomina.